Yadda Bakina Ya Ba da Saurarmu

'Ya'yana da jikokina, ban yi niyyar rubuta wannan babi yanzu ba. Jaririn jikata Rahila ne ya sa ni dole. Ranar da aka kawo mini shi na buɗe zane na gan shi ja wur kamar an tsoma shi a manja, sai bakina ya riga hankalina, na ce ga Jatau ya dawo. Rahila ta karɓe ɗanta ta juya mini baya, wata daga cikin surukaina kuma ta ce don Allah Kaka a daina yi wa yaro mugun baki. A gidanmu na da, duk yaron da ya zo duniya da hasken fata Jatau ake ce masa, ba sai an yi shawara ba. Amma yau kusan shekara sittin ana haifar jajayen yara a zuriyar Gidan Nomau, ba a sake kiran ko ɗaya da sunan nan ba, saboda an gaya muku wai Jatau ne ya sayar da ƙasar kakanninku. Na sha jin kuna faɗa a gabana, ina tauna goro ina kallon ƙasa. To, ku saurara, yau goron ya ƙare.

Kun san ni da surutu, amma ba ku san ni ina 'yar shekara goma sha biyar ba. Kande Mai-gishiri ake ce mini. In na ga ƙadangare a hanyar rijiya, kafin in iso ƙofar gida ya zama damo, kafin in sauke tulu ya zama kada mai haƙorin zinariya, har ya tambaye ni lafiyar mutanen gida. Inna ta yi duka har ta gaji, ta koma cewa da ƙarya hatsi ce da ta gina mini rumbu uku. Mutum ɗaya ne bai taɓa tsawata mini ba, Baba Jatau, wan mahaifina. Mahaifina ya mutu ina rarrafe, Baba Jatau ya riƙe ni da Inna a cikin gandunsa, bai bari ta koma garinsu ba. Shi ne maigida, shi ne Sarkin Noman yankinmu, dogo, ja, mai ƙatuwar murya da 'yan ƙananan kunnuwa kamar an ara masa na yaro. Duk inda na je na dawo sai ya ajiye abin da ke hannunsa ya ce, to Kande, yau me aka gani, a ba ni da gishirinsa. Yakan yi dariya har tari ya sarƙe shi, sai an bubbuga masa baya. Duk iya ƙaryar da na iya, don shi na koye ta.

Gidan Nomau ƙauyen Maguzawa ne tsakanin Kafur da Ƙarfi, gida ɗaya ne babba da ya yi rassa, rumbunansa sun fi ɗakuna yawa. Ba masallaci ba coci a lokacin. Abin da muka sani shi ne noma, da giyar dawa, da abin da kakanni suka bari. Ƙasarmu kashi biyu ce. Ana noma gabas shekara bakwai yamma tana hutawa, in gabas ta gaji a rufe ta a koma yamma. Wadda ke hutawa ita ake kira saura. Ranar rufewa Baba Jatau yakan yanka jan zakara a gindin wata tsohuwar tsamiya da ke yamma, inda tukunyar Uwar Gona take, ita ce iskar da muka yarda tana riƙe da albarkar ƙasa. Sai ya ɗaure kaba a kusurwa huɗu ya ce ga ajiya, a riƙe mana har mu dawo. Daga ranar ba fartanya, ba gatari. Mata kaɗai ke shiga su tsinci ƙirare da 'ya'yan kaɗanya, su ciro ɗorawa, kuma kowace bishiyar ɗorawa da mai ita, uwa ta bar wa 'ya ko suruka. Kaburburan kakanni suna can, kudu da tsamiya. Ba mu da takarda, ba mu da shinge. Tsoro ne shingenmu. Mutanen gari da ke yi mana dariya a kasuwa ko tsinken sakace ba sa karya a saurarmu, mu kuma da kanmu muke ƙara hura wa tsoron nan wuta da labarai, don mun ga yana aiki tun zamanin kakanni.

Shekarar da nake faɗa, 'yan shekaru bayan an sami mulkin kai, ita ce ta bakwai ga saurar yamma. Ƙasa ta yi ƙiba, ganye da ciyawa sun ruɓe a kanta har in ka taka sai ka ji kamar katifa. Gabas kuwa ta gaji, ciyawar wuta-wuta ta fara cin dawa. An kai gatura da fartanyu maƙera, ana jiran mata su gama da ɗorawa a yi sassabe. Ran nan ranar kasuwar Kafur ce, maza duk sun tafi. Ni kaɗai nake bakin saura da tsakar rana, da doguwar gora mai ƙugiya, ina ciro ɗorawar Inna ina sha, baki da hanci duk sun yi rawaya. Sai ga wata mota mai kama da akwati ta ratso ta cikin gonaki ta tsaya. Mutum uku suka fito. Akwai Bature mai gajeren wando, gwiwoyinsa jajaye kamar an ɓare musu fata. Akwai direba, wani baƙo mai ƙaton rawani. Sai wani saurayi mai littafi a hannu da fensir a kunne. Shi ne ya yi mini magana, Hausarsa tsaf kamar tawa. Daga baya na ji sunansa Lasisi, ɗan wani Bayarabe mai kanti, a Funtua aka haife shi. Ya ce mini sannu 'yammata, abin da ba wanda ya taɓa ce mini, ya tambaye ni dajin nan na wane ne.

Na dubi Baturen yana kafa wani ƙarfe mai ƙafa uku yana leƙen saurarmu ta cikinsa, na gane ba alheri ne ya kawo su ba. Dama mun ji a bakin 'yan kasuwa cewa wani kamfani yana neman babban fili ya noma auduga da inji, ya riƙa kai wa gidan gurza a Funtua. Sai na ce a raina, Kande, yau ranarki ce. Abin da ya kori masu gatari na cikin gari zai kori mai gajeren wando.

"Ba na kowa ba ne," na ce. "Na Uwar Gona ne. Ba mahaluƙin da ke sa fartanya a nan."

Daga nan na kwance bakin buhu. Na ce tun kakan kakan kakana ba a taɓa noma wurin ba. Na ce wani ya gwada, ƙotar fartanyarsa ta zama kububuwa, ta bi shi har gida ta riga shi hawa gado. Na ce wani ya sari reshe ɗaya, hannuwansa suka koma kamar na jariri, har yau da ƙafa yake cin tuwo, kuma ba ya bari a taya shi. Direba ya ja da baya ya shige mota ya rufe ƙofa, ina ganin leɓensa yana motsi. Lasisi yana juya wa Bature maganata, Bature yana gyaɗa kai yana murmushi, ni kuwa na ɗauka irin murmushin da mutum ke yi ne in cikinsa ya ɗuri ruwa.

Lasisi bai rubuta komai nan da nan ba. Ya taka cikin ciyawa, ya sa takalmi ya tuttura ƙasa, inda tsofaffin kunyoyin noma suke kwance layi-layi, shekara bakwai ba ta shafe su ba. Ya dawo kusa da ni ya rage murya.

"'Yammata, ki yi tunani. Ga alamar noma ina gani. Da gaske ba mai gonar nan?"

"Iskoki ne ke noma abinsu," na ce. "Mu ko kallo ba ma yi."

Ya sake tambayata, na sake ba shi amsa, har da ƙarin cewa bara iskokin sun yi gayya mun ji kiɗansu. Sannan ya tambayi gidan da na fito, na ɗaga haɓa na ce gidan Jatau Sarkin Noma. Ya cire fensir daga kunne.

Da la'asar Baba Jatau ya dawo daga kasuwa, yana zaune gindin rumbu yana tufkar igiya, na ba shi labari da gishirinsa. A nawa labarin Baturen ya ruga har hularsa ta faɗi, direba ya suma sau biyu, motar ma da ƙyar ta tashi don rawar jiki. Baba ya yi dariya har ya kishingiɗa a ƙasa. Ya ce ko shi ne a wurin ba zai yi fiye da haka ba, ya ce wannan baki nawa ya fi shinge goma. Ku riƙe wannan: shi ma, da furfurarsa da sarautarsa, ya yarda na yi daidai. Dukanmu ba mu san akwai mutanen da ke jin an ce wuri na iskoki ne su ji daɗi ba, don iska ba ta zuwa gaban hukuma ta yi ƙara. Baba ya ce kada in gaya wa mata, kada su ji an ce Bature ya leƙa saura hankalinsu ya tashi. Ya zaro ƙuli-ƙulin tsaraba daga aljihu ya ba ni biyu.

Kafin a gama ɗorawa aka wayi gari da turakun siminti a kusurwoyin saura, daidai inda kabarmu take ɗaure. Kwana biyu bayan haka dagaci ya aiko a kira magidantan Gidan Nomau. Mata ma muka bi, muka tsaya daga baya a inuwar katanga. Malamin dagaci ya buɗe takarda ya karanta. An auna, an bincika. Gonakin da ake nomawa ba za a taɓa su ba. Amma dajin da ke yamma da Gidan Nomau ba gonar kowa ba ce, ba a taɓa noma shi ba, mutanen wurin ko shigarsa ba sa yi, kuma gidan Jatau Sarkin Noma ne ya shaida haka. Don haka an ba kamfani. Na sha lallashin kaina da cewa ko da ban yi magana ba da sun karɓe. Wataƙila. Amma maƙwabtanmu na Gidan Bawa, da masu awo suka je musu, wani tsoho ya fito ya ce gonarsu ce tana hutawa, ya nuna kunyoyi, aka bar musu fiye da rabi. Suna can har gobe.

Baba Tunau, ƙanen Baba Jatau, ya miƙe. Ya ce yana so ya san wane ne a gidan Jatau ya ɗauki ajiyar Uwar Gona ya miƙa wa baƙo. Kowa a wurin ya san hukuncin wanda ya yi haka. Ba a cin abincin hannunsa, ba a karɓar irinsa a shuka, ba a aurensa ba a ba shi aure. In yaro ne, laifin na uwarsa ne, kuma Inna baƙuwa ce a gidan, mijinta ya mutu, ba ta da kowa sai ni. Na buɗe baki, na rantse muku na buɗe. A karo na farko a rayuwata ba abin da ya fito. Baba Jatau ya waiwayo ya nemo ni cikin mata da ido, ya yi mini wani kallo da ban taɓa gani a fuskarsa ba, kallon da ke cewa rufe. Sannan ya juya ga dagaci.

"Ni ne," ya ce. "Ni na gaya musu. Na ɗauka za su ji tsoro."

Da yarinya ce ta faɗi haka, da an yarda wauta ce. Amma Sarkin Noma guda, wanda ya ɗaure kabar da hannunsa, ba wanda ya yarda zai yi irin wannan wauta a banza. Kafin mu isa gida magana ta riga mu: an ba Jatau wani abu. Wasu suka ce keke, wasu suka ce rediyo, wasu suka ce an yi masa alkawarin gida mai kwano a Malumfashi. Na ga yadda ƙadangare ke zama kada a bakin wasu, ni da na ɗauka ni kaɗai na iya. Baba Jatau bai zauna ba. Ya taka da ƙafa har Malumfashi sau uku, da guntayen tukwanen kakanni a jaka da ƙasar saura a ƙulle, yana roƙon a zo a ga kunyoyi. Duk inda ya shiga amsa ɗaya ce: takarda ta yi gaba, kuma kai da bakinka ka amsa a gaban dagaci. Kalmar da ya rufa mini asiri da ita, ita ta rufe masa kowace ƙofa.

Bayan ruwan farko katafila biyu suka zo, da wata sarƙa mai kaurin cinyar mutum a tsakaninsu. Suna tafiya gefe da gefe, duk abin da sarƙar ta tarar sai ya kwanta. Muka fito gaba ɗaya muka tsaya a kan iyaka. Mata suna kiran sunayen bishiyoyi yayin da suke faɗuwa, ta wance ce, ta wance ce, kamar ana sanar da mutuwa. Ta Inna ta faɗi wajen hantsi, Inna ta dai gyara ɗaurin zanenta. Kowa tsamiya yake jira. Kuma duk cikin taron ba wanda ya kai ni jira, ni da na ƙirƙiri kububuwar da bakina, na tsaya ina roƙon ta fito. Da aka ɗaura sarƙa aka ja, sarƙar ta tsinke. Tsofaffi suka rangaɗa guɗa. Sai wani ya zo da kayan aiki ya gyara ta, suka sake ja, kafin la'asar tsamiya tana ƙasa saiwoyinta suna kallon sama. Tukunyar Uwar Gona ta fashe. Ba komai a ciki sai ruwan sama da ruɓaɓɓen gashin zakara, da wani kwaɗo da ya yi tsalle ya shige ciyawa. A nan ban ƙara ko ƙwayar gishiri ba. Washegari garmar inji ta bi ta kan kaburbura. Baba Tunau ya bi bayanta da kwando yana tsintar abin da ta tono, bai bari kowa ya taya shi ba, kuma daga ranar bai sake yi wa wansa magana ba.

Dole aka koma gabas, ƙasar da ya kamata a rufe. Da noma ya kama, Baba Jatau ya kira gayya kamar yadda ya saba. Gayyar Sarkin Noma kuwa a da sai ka ga mutane kamar ranar kasuwa, ana kiɗa, samari suna tsere a kan kunya, 'yammata muna yi wa na baya waƙar tsiya, kuma ni ce uwar masu tsiyar. Ni da Inna muka dafa giya randa huɗu, muka tuƙa tuwo. Gari ya waye muka kai gona muka jera a inuwa. Rana ta ɗaga. Can muka jiyo kiɗa daga gonar Baba Tunau, ya sa tasa gayyar rana ɗaya da ta wansa, kowa ya tafi can, har 'ya'yan cikin Baba Jatau biyu. Baba ya saurari kiɗan na ɗan lokaci, ya ce makaɗin nan har yanzu bai iya canza hannu ba. Ya tofa yawu a tafi ya kama fartanya. Mu uku muka shiga gonar da mutum hamsin ke nomewa.

Wajen tsakar rana na yar da fartanyata.

"Baba, bari in je in faɗa musu."

Bai ɗago ba. "Ki faɗa musu me? In sun yarda, ke da uwarki kun bar gidan nan, ba mai cin tuwonki har ki mutu. In ba su yarda ba, kin ƙara mini suna, a ce Jatau ya laɓe a bayan marainiya. Saura dai ta tafi ko ta wace hanya. Ni na koya miki, ni na yi dariya, ni na ba ki ƙuli-ƙuli. Ɗauki fartanyarki, 'yar nan, rana tana yi."

Inna tana kunya ta uku daga inda muke, ta ji komai, ba ta ɗago ba ita ma. Har ta bar duniya ba mu taɓa tayar da maganar ba. Giyar nan randa huɗu ta yi tsami muka zubar a bayan rumbu, kaji suka sha suka yi ta tangaɗi, kuma wannan ne labarin ban dariya na farko da na gani da idona na kasa ba kowa.

Abin da ya biyo baya bai zo da ƙara ba. Ƙasar da ba ta hutawa ta riƙa rage mana damma shekara bayan shekara, wuta-wuta ta yi ja a gonaki kamar an shuka ta. Gandu ya kasa ciyar da kowa, kowa ya yanki 'yar gonarsa, gida ya rabu. Matan da suke sayar da daddawa suka koma saye. Samari suka tafi dako a tashar jirgin Funtua. Ba tsamiya, ba wurin yanka zakara, ba saura da za a rufe ko a buɗe, sai ranakun da muke taruwa suka zama ranaku kamar sauran. Wasu suka musulunta, wasu suka bi mishan, kuma ban ga laifin kowa ba, kowa ya sami abin da ya riƙe shi. Ku ma ga ku nan, rabinku masallaci rabinku coci, ina alfahari da ku duka, ni kaina a ajin mishan na koyi karatun da nake rubuta muku wannan da shi. Amma ba ɗayanku da ya san waƙar gayya ko ɗaya, ba wadda ta gaji bishiya daga uwarta. An karɓe sarautar noma an ba Baba Tunau, ya riƙe ta shekara kaɗan ba wanda zai kira gayya.

Da kaka ni ma na shiga layin masu tsinkar auduga a gonar kamfani. Fili ne fari fat har iyakar gani, ba inuwar da akuya za ta fake. Duk da haka ina gane inda nake, don akwai wani ɗan kwari inda ɗorawar Inna ta tsaya. A nan Lasisi ya same ni wata rana yana zagaye. Ya wuce, ya dawo da baya, ya tsaya.

"Sau biyu na tambaye ki," ya ce.

"Sau biyu na amsa maka," na ce.

Ya ce a lokacin sabo ne shi a aikin, an ce ya rubuta abin da aka faɗa, ba abin da ya gani ba, kuma tun ranar yake cewa da ma ya bi idonsa. Ban tuhume shi ba, bai tuhume ni ba. Ya tafi, na ci gaba da cika buhu. Kamfanin ma bai daɗe ba. Bayan wasu shekaru ƙasar ta gaji da auduga, suka kwashe suka bar injuna suna tsatsa, yara suna hawa. Amma filin bai dawo mana ba, ya koma hannun manyan mutanen gari masu takarda.

Baba Jatau ya ƙarasa kwanakinsa a gindin rumbun nan yana tufka, mutane suna wucewa ta bayan rumbun don kada su gaishe shi. Har a lokacin in na dawo daga rijiya sai ya ce, to Kande, yau me aka gani, a ba ni da gishirinsa. Sai in ce na ga ƙadangare. Ya jira, in yi shiru. Ya ce wannan miya lami ce, ko mara lafiya ba zai sha ba. Bayan na yi aure a Malumfashi aka aiko ba shi da lafiya, na zo na same shi ya zama ƙashi da fata, kunnuwan nan ne kaɗai ba su rame ba. Na roƙe shi ya sake ni in faɗi gaskiya tun yana da rai.

"Sai kin tsufa," ya ce. "Sai ba wanda zai iya kashe miki aure ko ya ƙi tuwonki. Sannan ki faɗa. Amma wannan kam, kada ki sa masa gishiri."

Da ya mutu, mutum shida ne muka raka shi. Na tsufa tuntuni. Baba Tunau ya mutu, Inna ta mutu, duk wanda zai iya hukunta ni ya riga ni tafiya fiye da shekara ashirin. Ba wanda ya rage in ji tsoro sai ku. Gishirin ya dawo mini da na sami jikoki, na ji daɗin zama Kaka mai ban dariya, wadda yara ke rububin kwana a ɗakinta, na ƙi in ɓata wannan. Jikokin Baba Jatau na cikinsa suna jin kunyar faɗin sunan kakansu a taro, ni kuwa ina zaune kusa da su ina ba da labarin kada mai haƙorin zinariya. Ƙaryar farko ta yarinya ce da ta ɗauka tana tsare gida. Wannan shirun kuwa na tsohuwa ne da ta san abin da take yi, kuma ya fi waccan nauyi.

Rahila, na san an riga an raɗa wa ɗanki suna, suna mai kyau, ban ce a canza ba. Amma ni Jatau zan kira shi, a gabanki da bayan idonki, kuma in ya yi wayo ya tambayi dalili, ki ba shi wannan ya karanta da kansa. In kuwa lallai sai an sami sunan da za a daina sa wa yara a zuriyar Gidan Nomau, to ba sai kun yi nisa ba. Kande ne.